Kofuna bakwai na William Renshaw da sharuɗɗan da aka ci su a kai

A watan Yulin 2017, da Roger Federer ya doke Marin Cilic ya ɗauki kofin Wimbledon karo na takwas, an yi ta maimaita cewa ya wuce mutum biyu masu bakwai-bakwai. Na farko duk mai bin wasan tanis ya san shi, wato Pete Sampras na Amurka. Na biyun kuwa, William Renshaw, sai an koma littafin tarihi, domin kofinsa na ƙarshe a 1889 ya ɗauke shi. Shekara 111 adadinsa ya yi babu namijin da ya kamo shi, sai a 2000 Sampras ya iso. Kofuna shida da ya ci a jere daga 1881 zuwa 1886 kuwa har yau ba a sami namijin da ya maimaita ba. Bjorn Borg da Federer duk a biyar suka tsaya.

A ganina, jera Renshaw a layi ɗaya da waɗannan mutane ba adalci ba ne, ko gare su ko gare shi. Idan ƙidayar kofi ake yi, nasa bakwai ba su kai nauyin na Sampras ba, kuma dalilin a fili yake. Idan kuma ana tambayar wanda ya sauya wa wasan kamanni ne, to adadin bakwai ya yi masa kaɗan. Abubuwan nan biyu kuma daga tushe ɗaya suka fito, wato irin mutanen da aka ƙirƙiri wasan dominsu, da dokokin da suka tsara wa kansu.

Wasan tanis na kan ciyawa yaro ne ƙarami lokacin da Renshaw ya shigo shi. A 1874 ne wani tsohon soja, Manjo Walter Wingfield, ya yi rajistar wasan ya fara sayar da kayansa a akwati, raga da sanduna da raket da ƙwallaye, a kan gini biyar. Gini ɗaya fam guda ne da sule ɗaya, kuma ya fi abin da leburan gona a Ingila ke samu a mako. Bayan kuɗin akwatin kuma sai kana da fili a bayan gida mai shimfiɗaɗɗiyar ciyawa, da injin aske ta, da mai lambun da zai riƙa kula da ita. Saboda haka tun ranar farko wasan na masu hali ne, ana yin sa da yamma a gidajen attajirai da limaman coci da manyan ma'aikata, maza da mata tare, ana shan shayi a gefe.

Kulob ɗin da ke unguwar Wimbledon ma ba don tanis aka kafa shi ba. A 1868 aka kafa shi don wani wasa da ake kira kroket, na tura ƙwallon katako da guduma a kan ciyawa. Da kasuwar wannan wasa ta ja baya, sai suka shirya gasar tanis a 1877 a filinsu na titin Worple. Mutum 22 suka shiga, kowa ya biya gini guda. 'Yan kallo wajen 200 suka biya sule ɗai-ɗai suka ga wasan ƙarshe, inda Spencer Gore ya doke William Marshall. Shi kansa Gore bai ɗauki wasan da muhimmanci ba, ya fi ganin girman kurket, har daga baya ya rubuta cewa tanis wasa ne mai gundura. Wanda ya karɓe kofin daga hannunsa a 1878, Frank Hadow, mai gonar kofi ne a tsibirin Silon (Sri Lanka ta yau) da ya zo hutu gida. Ya ci gasar, ya koma gonarsa, bai dawo kare kambunsa ba. Na 1879 da 1880, John Hartley, limamin coci ne a yankin Yorkshire. A gasar 1879 sai da ya hau jirgin ƙasa ya koma garinsu ya jagoranci ibadar Lahadi, sannan ya dawo Landan ya ci gaba da wasa ranar Litinin.

Waɗannan su ne zakarun da Renshaw ya tarar: mutanen da ke da wani aikin, tanis kuwa hutu ne.

An haifi William da Ernest Renshaw, 'yan biyu, ranar 3 ga Janairun 1861 a garin Leamington. Mahaifinsu James attajiri ne da ya tara dukiya a sana'ar kaɗa zaren lilin, ya kuma rasu kafin a haife su, ya bar musu gadon da ya hutar da su neman abinci har ƙarshen rayuwarsu. Sun yi karatu a kwalejin Cheltenham, kuma a garin ne suka kama wasan. Bambancinsu da su Hartley ba baiwa kaɗai ba ce. Su ba su da coci ko gona ko ofis da ke jiransu, kuma kowannensu yana da abokin atisaye a gida wanda ya yi daidai da shi. Idan sanyi ya shigo Ingila, ciyawa ta jiƙe, sauran 'yan wasa suka rataye raket sai bazara, su sai su tattara su tafi Cannes a kudancin Faransa, su ci gaba da buga ƙwallo a filayen otal ɗin Beau Site.

A nan ne maganar ɗan wasan sha'awa take buƙatar a tsaya a kanta. A Ingila ta wancan zamani, an raba 'yan wasa gida biyu: mai yi don sha'awa wanda ba ya karɓar lada, da mai yi don sana'a. A baki, dalilin rabon shi ne tsarkake wasa daga kwaɗayin kuɗi da caca da maguɗi, kuma ba za a ce babu gaskiya a cikin wannan ba, domin damben kuɗi da tseren ƙafa na lokacin sun yi ƙaurin suna wajen haɗa baki. Amma a aikace dokar ta fi aiki a matsayin katanga tsakanin masu hali da talakawa. Hukumar tseren kwalekwale ta masu sha'awa ta fito fili ta rubuta cewa makaniki da mai sana'ar hannu da lebura ba sa cikinsu, ko da ba su taɓa karɓar ko kwabo don wasa ba. A kurket, ana shirya wasa duk shekara tsakanin "mutanen kirki" da "'yan wasa", kuma ba a daina ba sai bayan 1962. A ƙwallon zari-ruga, rigimar ko za a biya ma'aikacin masaƙa ladan ranar aikin da ya rasa saboda wasa ita ce ta raba hukumar biyu a 1895. Ƙwallon ƙafa ce ta saduda da wuri, ta halatta biyan 'yan wasa a 1885.

Tanis bai ma buƙaci rubuta irin wannan sharaɗi da kaushi ba, tsadarsa ta wadatar. Sai da ruwan ciki ake jan na rijiya: wanda zai yi makonni yana yawon gasa daga Dublin zuwa Landan, ya biya jirgi da masauki da kuɗin shiga, ba tare da ya karɓi komai ba, dole akwai abin da yake ci a gida. Abin da ya fi ba ni sha'awa shi ne, Renshaw ya bi dokar sau da ƙafa, amma ya rushe manufarta. Manufar ita ce wasa ya zauna a matsayin nishaɗin mutumin da ke da abin yi. Shi kuwa ya mayar da shi aikin shekara cur, da atisaye da nazarin abokin karawa, kamar yadda ɗan wasan sana'a na yau yake yi. Bambancin kawai, albashinsa daga gadon uba yake fitowa.

Sakamakon bai ɓoyu ba. Ya ci gasar Ireland a Dublin a 1880, wadda a lokacin darajarta ta yi kusa da ta Wimbledon, ya sake ci a 1881 da 1882. A Wimbledon ta 1881, yana ɗan shekara 20, ya haɗu da liman Hartley a wasan ƙarshe ya gama da shi 6-0, 6-1, 6-1 cikin minti 37. An ce Hartley ba shi da lafiya a ranar, amma ko da lafiyarsa ƙalau, salon wasan da ya iya ya riga ya tsufa.

Salon kuwa shi ne a tsaya can baya, a yi ta mayar da ƙwallo a hankali har sai ɗaya ya gaji ya yi kuskure. Akwai dalilin da ya sa aka koma ga wannan. A 1877 ragar tana da tsayin ƙafa biyar a wajen sanduna, ta yi ƙasa a tsakiya, don haka dole ƙwallo ta bi ta tsakiya. Gore ya gane haka, ya riƙa tsayawa dab da raga yana tare ta kafin ta taɓa ƙasa, har yakan miƙa raket ya tsallaka ragar. Hadow ya samo masa magani a shekarar da ta biyo, yana cilla ƙwallon sama ta wuce ta bisa kansa ta faɗi a bayansa. Daga nan kowa ya ja da baya, aka shiga wasan jiran kuskure. Abin da 'yan biyun suka kawo shi ne maganin wannan maganin. Suna buga sabis, wato bugun da ake fara kowane maki da shi, daga saman kai da ƙarfi, dabarar da wasu suka riga su gwadawa amma su suka mayar da ita makami. Sai su matso gaba, ba dab da raga ba, wajen layin sabis. Idan aka cilla musu ƙwallo sama, sai su ɗaga raket su maka ta ƙasa tun tana iska. Wannan bugu har sunansu aka raɗa masa, kuma shi ne wanda duk ɗan wasan tanis yake yi a yau ba tare da ya san wanda ya fara ba. A wasan mutum bibbiyu ma, maimakon ɗaya gaba ɗaya baya, sai su taso gaba tare.

Dokoki su ma suna ta motsi a waɗannan shekaru. A 1880 an hana tsallaka raga da raket. A 1882 aka sauke ragar zuwa ƙafa uku da rabi a wajen sanduna da ƙafa uku a tsakiya, tsayin da take da shi har yanzu. Sauke ta ya buɗe hanyar wuce mai matsowa gaba ta gefen fili, wato ya rage wa salon Renshaw fifiko. Wanda ya fi cin moriyar wannan shi ne Herbert Lawford, mutum mai ƙarfi da ya girme su da shekara goma, wanda ke tsayawa a baya yana buga ƙwallo da murɗi ta yadda za ta yi sama sannan ta nutse da sauri. Karawar Renshaw da Lawford ita ce ta fara jawo jama'a zuwa Wimbledon da gaske. Filin da ya tara mutum 200 a 1877 ya tara wajen 3,500 a wasan ƙarshe na 1885, aka kafa rumfunan kallo na dindindin.

Yanzu sai maganar da ke rage wa kofunan nauyi. Daga 1878 har zuwa 1921, wanda ke riƙe da kofin Wimbledon ba ya shiga gasa tun daga farko. Sauran ne za su yi ta fafatawa zagaye bayan zagaye har a fitar da gwani ɗaya, shi kuma ya zo ya ƙalubalanci zakaran a wasa guda, kamar yadda ake yi da kambun damben zamani. Wannan na nufin daga 1882 zuwa 1886 Renshaw ya ɗauki kofi biyar da wasa biyar kacal. Zakaran yau sai ya ci wasa bakwai kafin ya ɗauki kofi ɗaya. Duk rayuwarsa a Wimbledon, a wasan mutum ɗai-ɗai, wasa 25 ya buga, ya ci 22. Sampras ya ci 63 a filin, Federer 105.

Waɗancan wasanni biyar ɗin ma da mutum biyu kawai ya yi su: ɗan'uwansa Ernest a 1882 da 1883, sai Lawford a 1884 da 1885 da 1886. Gasar kuma ta 'yan gida ce. Masu shiga sun kai 60 a 1880, amma da aka ga babu mai iya ja da 'yan biyun, sai adadin ya faɗo ƙasa da 30. Amurkawa sun ɗan leƙo, kamar 'yan'uwan nan Clark da suka zo a 1883 suka sha kashi a hannun su Renshaw, amma baƙo namiji bai ɗauki kofin ba sai 1907, da Norman Brookes na Ostareliya ya ci. Zakaran duniya ake kiran mai kofin, alhali duniyar ba ta wuce wasu 'yan ɗaruruwan iyalai masu fili a bayan gida ba.

Masu kare tsarin suna da hujja. Sukan ce zaman jira ba alheri ne zalla ba: mai ƙalubale yana zuwa hannunsa da zafi bayan ya yi kwanaki yana wasa a kan ciyawar, zakara kuwa yana fitowa a sanyaye, kuma kuskuren yini ɗaya ya isa ya raba shi da kambunsa. Akwai ƙamshin gaskiya a nan, amma ban yarda ya rufe giɓin ba. Abin da ke kayar da manyan 'yan wasa a gasa sau da yawa ba wasan ƙarshe ba ne, wani yaro ne da ba a san shi ba a zagaye na biyu, ko targaɗe, ko gajiyar da ta taru. Tsarin ƙalubale ya ɗauke wa zakara duk wannan. Kuma a wajen Renshaw musamman, maganar fitowa a sanyaye ba ta da ƙarfi, tunda gwani na biyu a ƙasar a gidansu yake kwana. Ba a Ingila kaɗai aka ga tasirin tsarin ba: Richard Sears ya ci gasar Amurka sau bakwai a jere daga 1881 zuwa 1887, na ƙarshe-ƙarshen da irin wannan zaman jira. Amurkawa sun soke tsarin a 1912, Wimbledon a 1922, shekarar da ta tashi daga titin Worple ta koma filin da take yanzu.

Wanda ke son ya san ko Renshaw gwani ne na gaske, ya duba 1889. A 1887 ciwon gwiwar hannu ya hana shi kare kambunsa, Lawford ya samu ya ɗauka. A 1888 ya dawo, Willoughby Hamilton na Ireland ya fitar da shi tun kafin a yi nisa, Ernest ya ci kofinsa guda ɗaya tilo. A 1889 dole William ya bi layi kamar kowa. A wasan fitar da mai ƙalubale ya haɗu da Harry Barlow, wanda ya cinye zubi biyu na farko. Sau shida Barlow yana kaiwa inda maki ɗaya ya rage masa ya gama wasan, sau shida Renshaw yana hana shi. A zubi na biyar Barlow ya kai 5-0, amma Renshaw ya farke ya cinye da 8-6. Daga nan ya je ya karɓe kofin daga hannun ɗan'uwansa. Wannan kofi da na 1881 su ne biyun da ya bi ta cikin jama'a ya ɗauko, kuma su kaɗai sun isa shaida. A 1890 Hamilton ya sake doke shi, a zubi biyar, kuma bai ƙara buga wasan mutum ɗai-ɗai a Wimbledon ba.

Akwai wata alama da ya bari wadda ake gani duk shekara a talabijin. A dokar farko, duk wanda ya ci gasar sau uku a jere, kofin ya zama mallakinsa. Renshaw ya tafi da na farko gida a 1883. Aka sayo wani, ya tafi da shi a 1886. Kulob ɗin ya ga abin ba mai ɗorewa ba ne, sai ya kashe gini 100 ya sayi na uku a 1887, tare da sharaɗin cewa ba zai taɓa zama na kowa ba. Shi ne kofin da zakarun maza ke ɗagawa har yanzu, su mayar, a ba su ƙaramin kwafinsa.

Tare da Ernest sun ci kofin mutum bibbiyu sau biyar, a 1884, 1885, 1886, 1888 da 1889. Da aka kafa hukumar tanis ta Birtaniya a 1888, William aka naɗa shugabanta na farko yana ɗan shekara 27, abin da ke nuna yadda 'yan wasa da masu tsara doka suke mutane ɗaya a lokacin. Bayan sun janye, kasuwar Wimbledon ta faɗi, jama'a suka koma yayin hawan keke da wasan golf, har gasar 1895 ta tashi da asara. Sai da wasu 'yan'uwa biyu, Reggie da Laurie Doherty, suka bayyana daga 1897 sannan 'yan kallo suka dawo. Su 'yan biyun Renshaw kuwa ba su yi tsawon rai ba. Ernest ya rasu a 1899 yana da shekara 38, sanadiyyar gubar karbolik. William ya rasu ranar 12 ga Agustan 1904 a garin Swanage bayan bugun farfaɗiya, yana da 43.

Dokar sha'awa kuwa ta rayu shekara 64 bayansa, kuma a wannan tsawon lokaci ne illarta ta fito sosai. Tsarin da aka ɗinka daidai jikin mai gado ya ci gaba da aiki a kan waɗanda ba su gaji komai ba, alhali ma'aunin atisayen da Renshaw ya kafa ya sa ba zai yiwu mutum ya zama zakara yana wani aikin ba. Wasan ya koma na cikakken lokaci, kulob yana karɓar kuɗin ƙofa daga dubban mutane, ɗan wasa kuma an haramta masa lada. Mafita biyu ta rage: ko ka karɓi kuɗi a ɓoye da sunan kuɗin mota da masauki, ko ka fito fili a kore ka. Suzanne Lenglen ta Faransa ta fito fili a 1926. Fred Perry, wanda mahaifinsa ya fara rayuwa a matsayin ma'aikacin masaƙar auduga, ya ci Wimbledon sau uku a jere daga 1934 zuwa 1936, ya koma wasan kuɗi, kulob ɗin ya janye masa zama ɗan ƙungiya na girmamawa. Rod Laver na Ostareliya ya ci manyan gasa huɗu na duniya duka a 1962, ya koma wasan sana'a, aka rufe masa ƙofar Wimbledon daga 1963 zuwa 1967, shekarun da yake kan ganiyarsa. Da aka buɗe gasar ga kowa a 1968, shi ya ci, aka ba shi fam 2,000, ya sake ci a 1969. Kofunansa na Wimbledon huɗu ne a littafi, kuma duk mai son kwatanta adadin zakaru sai ya sa waɗancan shekaru biyar na Laver a lissafi, kamar yadda zai sa wasanni biyar na Renshaw.